Makaɗin Haya da Ya Zama Jagora: Nazari kan John Wetton da Rikicin Ƙungiyar Asia na 1983

A watan Maris na 1982, wata sabuwar ƙungiyar makaɗan rok ta Ingila mai suna Asia ta fitar da faifanta na farko. Faifan ya shafe mako tara a matsayi na ɗaya a jadawalin mujallar Billboard ta Amurka, kuma da shekara ta ƙare mujallar ta ayyana shi a matsayin zakaran faya-fayen 1982 baki ɗaya. Wanda ya rera waƙoƙin, ya kaɗa jitar bes, kuma sunansa ya fito cikin marubutan dukan waƙoƙi tara da ke faifan, shi ne John Wetton, yana ɗan shekara 32 a lokacin. Ba a cika shekara biyu ba aka raba shi da ƙungiyar, aka ɗauko wani mawaƙin ya tsaya a gurbinsa gaban dubban 'yan kallo a Tokiyo, sannan bayan 'yan watanni aka dawo ana nemansa. Wannan nazari zai bi diddigin yadda hakan ta faru, domin lamarin yana fito da matsayin makaɗi a kasuwar waƙa fili, musamman makaɗin da ya shafe kusan shekara goma yana cike gurbin wasu kafin ya samu nasa.

An haifi Wetton ranar 12 ga Yuni 1949 a Willington da ke yankin Derbyshire, amma a Bournemouth ya tashi, wani garin bakin teku a kudancin Ingila. Yayansa Robert makaɗin ogan ne na coci. Ogan irin na coci yana da jerin katakai a ƙasa waɗanda ake takawa da ƙafa domin fitar da sauti mai kauri, to wanda ke gidansu ba shi da su, saboda haka idan yayan zai yi atisaye sai ya zaunar da ƙanen gaban fiyano ya riƙa buga masa wannan ɓangare na ƙasa. A nan yaron ya saba da kiɗan Bach, tsohon mai tsara kiɗa ɗan Jamus, inda sautin ƙasa yake da tasa tafiyar, yana hawa yana sauka daban da babban amon da ke sama, alhali shi ke riƙe da shi. Duk wanda ya saurari yadda Wetton ya kaɗa bes daga baya zai ji wannan tarbiyya a ciki, domin bai cika tsayawa kan sauti ɗaya yana maimaitawa ba.

Ya kamata a fahimci abin da ya sa irinsa yake da tsada a wajen ƙungiyoyi. Jitar bes tana da tsirkiya huɗu masu kauri, kuma aikinta shi ne ta ɗaure bugun ganga da amon sauran kayan kiɗa, har ma yawancin masu sauraro ba sa lura da ita sai ta yi shiru. Mai kaɗa ta dole ne ya daidaita yatsunsa da ƙafar mai ganga, wato da babbar gangar nan da ake takawa, ba tare da ya riga ta ko ya makara ba. Murya kuwa ba ta bin wannan lissafi sau da ƙafa: mawaƙi yakan shigo kafin bugu ko bayansa, ya ja wata kalma, ya tsaya ya ja numfashi a inda hannu ba shi da damar tsayawa. Mutum ɗaya ya riƙe waɗannan biyun a lokaci guda abu ne mai wuya, shi ya sa waɗanda suka shahara da shi, irin su Paul McCartney da Jack Bruce da Phil Lynott da Sting, ba su da yawa. A wajen ƙungiya kuma akwai lissafin kuɗi, domin mutum ɗaya ne yake yin aikin mutum biyu, kaso ɗaya kuma yake ɗauka.

Faifan farko da sunan Wetton ya fito a kansa sosai shi ne na ƙungiyar Mogul Thrash, wadda ta yi faifai ɗaya tak a 1971 ta watse. Daga nan ya shiga Family, wadda ta riga ta yi suna a Ingila, ya yi faifai biyu da ita a 1971 da 1972. A can ya fara ɗanɗana abin da zai daɗe yana bin sa. Roger Chapman ne jagoran waƙa, shi da Charlie Whitney ne kuma ke rubuta yawancin waƙoƙin, nasa rabon shi ne bes da amshi.

A ƙarshen 1972 Robert Fripp, wanda suka san juna tun suna samari a yankin Bournemouth, ya sake gina ƙungiyarsa King Crimson daga tushe, ya miƙa wa Wetton bes da jagorancin waƙa a haɗe. Tare da su akwai Bill Bruford, mai gangar da ya baro ƙungiyar Yes tana tsakiyar tashe, da David Cross mai kaɗa goge irin na Turai, da Jamie Muir wanda bai daɗe ba ya tafi, sai Richard Palmer-James, abokin Wetton na ƙuruciya, wanda yake rubuta musu baitoci. Cikin shekara biyu suka yi faya-fayai uku: Larks' Tongues in Aspic a 1973, sai Starless and Bible Black da Red a 1974. Kiɗa ne mai wuyar sha'ani, ana jan waƙa ɗaya fiye da minti goma, ana ƙirga bugu biyar-biyar ko bakwai-bakwai ko sha uku-sha uku a maimakon huɗu-huɗun da kunne ya saba da shi, kuma wani babban ɓangare ana ƙirƙirarsa ne nan take a kan dandamali. Wetton yana kaɗa bes ƙirar Fender Precision da ƙarfi da gurnani, har Fripp ya taɓa kwatanta shi da Bruford da katangar bulo mai tafiya a iska. Wannan ƙarfin sauti yana cikin abubuwan da suka danne gogen Cross har ya bar ƙungiyar. A wajen masu kaɗa bes, waɗannan shekaru biyu su ne suka kafa sunan Wetton, kuma a ganina ko da a nan ya tsaya da za a ci gaba da ambatonsa.

Amma akwai wani ƙaramin abu da ya faru a wannan lokaci wanda ya fi muhimmanci ga nazarinmu. Wetton ya kawo wata waƙa mai taushi, mai sauƙin kamawa, yana so ta shiga faifansu na farkon 1974, abokan aikinsa ba su nuna sha'awa ba aka ajiye ta. Daga baya suka dawo kanta, suka faɗaɗa ta, ta zama Starless, waƙar da ta rufe faifan Red, wadda masoya King Crimson da yawa suke ɗauka a matsayin mafi girman abin da ƙungiyar ta taɓa yi. Tun daga nan ana iya ganin cewa mutumin da ake ɗauka aiki saboda ƙarfin hannunsa, zuciyarsa tana wajen rubuta waƙar da talaka zai iya rerawa. A watan Satumba na 1974, kafin ma Red ya shiga kasuwa, Fripp ya sanar da rushe ƙungiyar. Wetton yana da shekara 25, kuma ya gane cewa duk jagorancin waƙar da yake yi, ƙungiyar ta Fripp ce, shi ke buɗe ta shi ke rufe ta.

Shekarun da suka biyo baya su ne na aikin haya. Kamfanin manajoji na E.G. shi ke kula da King Crimson da kuma ƙungiyar Roxy Music, ita kuwa Roxy Music tun bayan tafiyar mai bes ɗinta na asali a 1972 ba ta sake ɗaukar na dindindin ba, sai dai ta ɗauki wannan ta sallami wancan. Wetton ya bi ta rangadi a 1974 da 1975 a wannan matsayi. Tun yana King Crimson ya kaɗa a faifan farko na Brian Eno, ya kuma kaɗa a na Phil Manzanera da faya-fayen Bryan Ferry na kansa, dukansu mutanen Roxy Music. A 1975 ya shiga ƙungiyar Uriah Heep domin maye gurbin mai bes ɗinta Gary Thain, wanda wutar lantarki ta ja a kan dandamali a Dallas, kuma shaye-shaye ya riga ya raunana shi. Faifan farko da suka yi tare, Return to Fantasy, ya kai matsayi na 7 a Birtaniya, matsayin da ƙungiyar ba ta taɓa kaiwa ba. Duk da haka Wetton ya tafi a 1976 bayan faifai na biyu.

Idan aka dubi yadda kuɗi yake tafiya a wannan sana'a, za a fahimci rashin zamansa wuri ɗaya. Makaɗin haya a situdiyo ana biyansa ne a kan zama, bisa ƙa'idar ƙungiyar ƙwadago ta makaɗa zama ɗaya awa uku ne, kuma da zarar ya karɓi kuɗinsa ya sa hannu, faifan ya sayu kwafi dubu ko miliyan, nasa ya ƙare. Wanda aka ɗauka rangadi albashi yake karɓa, idan rangadi ya ƙare albashi ya tsaya. Cikakken ɗan ƙungiya yana da kaso a cinikin faifai, amma sai bayan kamfani ya cire abin da ya kashe. Wanda ya fi kowa morewa shi ne marubucin waƙa, domin duk lokacin da aka sayar da kwafi, ko aka sa waƙar a rediyo ko talabijin, ko wani mawaƙin ya sake rera ta, akwai abin da zai faɗo aljihunsa ta hannun hukumomin karɓar kuɗin haƙƙin mallaka, irin su PRS a Birtaniya da ASCAP da BMI a Amurka, kuma wannan yana ci gaba har bayan ransa. Labarin Herbie Flowers ya isa misali. Shi ne ya kaɗa bes ɗin da kowa yake gane waƙar Lou Reed ta 1972, Walk on the Wild Side, da shi, kuma ya faɗa da bakinsa cewa ya ɗora jitar bes a kan babban bes na katako ne domin wanda ya kaɗa kaya biyu a zama ɗaya ana ninka masa kuɗi. Wannan ninkin shi ne iyakar abin da ya samu daga waƙar da aka shafe shekaru hamsin ana ji. Wetton yana ganin irin wannan da idonsa, kuma yana da waƙoƙi a hannu.

A 1977 ya yi yunƙurin cin gashin kansa. Shi da Bruford suka kafa ƙungiyar U.K. tare da Eddie Jobson mai kibod da goge, da Allan Holdsworth mai jita. Bayan faifai ɗaya a 1978 Bruford da Holdsworth suka tafi, Terry Bozzio ya zo daga wajen Frank Zappa ya riƙe ganga, suka yi wani faifan a 1979, sannan tafiya ta tsaya a 1980. Saɓanin da ya raba su shi ne wanda muka riga muka gani: Jobson yana son dogayen kaɗe-kaɗe masu sarƙaƙiya, Wetton yana son gajerun waƙoƙi. Faifansa na kansa da ya fitar a 1980 bai yi kasuwa ba, sai ya sake komawa cike gurbi, wannan karon a ƙungiyar Wishbone Ash, a madadin mai bes ɗinta Martin Turner. Waƙa ɗaya kawai aka bar shi ya jagoranta a faifansu na 1981. Cikin waɗanda ya gabatar ba a karɓa ba akwai Here Comes the Feeling, wadda shekara ɗaya bayan haka ta fito a faifan Asia aka sayar da miliyoyin kwafi.

Ita Asia, tun daga haihuwarta akwai hannun kamfani. John Kalodner, jami'in neman mawaƙa a sabon kamfanin Geffen na Amurka, shi ne ya haɗa Wetton da Steve Howe, mai jitar Yes, a farkon 1981 bayan Yes ta watse, Brian Lane kuma ya zama manajansu. Aka ƙaro Geoff Downes mai kibod, wanda ya yi aiki da Buggles da Yes, da Carl Palmer mai gangar Emerson, Lake and Palmer. Mutum huɗu ne da kowannensu ya yi suna da dogon kiɗa mai wuya, sai ga shi sun fito da waƙoƙin minti huɗu zuwa biyar masu amshi mai kama kunne. Lokacin ma ya dace da su, domin MTV, tashar talabijin ta bidiyon waƙoƙi, ta fara aiki ranar 1 ga Agusta 1981, kuma bidiyon farko da ta nuna na Buggles ne, wato Downes yana ciki. Masu sharhi da yawa sun yi wa faifan ca, suna cewa manyan makaɗa sun sayar da basirarsu, amma jama'a suka saya: kwafi miliyan huɗu a Amurka kaɗai, kuma waƙar Heat of the Moment, wadda Wetton da Downes suka rubuta, ta kai matsayi na 4. Ban yarda da masu sharhin nan ba. Mutumin da ya shafe shekara takwas ana mayar masa da waƙoƙinsa ana cewa ya riƙe bes, a nan ne karo na farko ya yi abin da ya daɗe yana so, kuma ba shi da dalilin jin kunyarsa.

Daga wannan nasara matsalar ta fito. Kamfanin ya ga cewa waƙoƙin da suka fi tashe na Wetton da Downes ne, kuma yana gaggawar a sake wani faifan tun ƙarfe yana da zafi. A farkon 1983 suka shiga situdiyon Morin-Heights a lardin Kwibek na Kanada, suka fito da Alpha. Cikin waƙoƙinsa goma, tara na Wetton da Downes ne, ɗaya ta Wetton shi kaɗai. Howe, wanda sunansa ya fito a waƙoƙi biyar na faifan farko, bai samu ko ɗaya ba a cikin goman. Bayan abin da muka faɗa game da kuɗin marubuci, ba sai an yi dogon bayani ba kan abin da wannan yake nufi ga mutumin da aka kafa ƙungiyar da shi tun ranar farko. Abin lura shi ne Wetton ya wayi gari yana tsaye a inda Chapman da Fripp da Jobson suka taɓa tsaya masa, Howe kuma yana tsaye a inda shi ya sha tsayawa, kuma babu alamar cewa tsohon ciwon da ya ji ya sa ya sassauta.

Alpha ya kai matsayi na 6 a Amurka, ya sayu kwafi miliyan ɗaya, waƙarsa Don't Cry ta shiga goma na farko. Ga kusan kowace ƙungiya a duniya wannan abin biki ne. Amma kamfanin da ya ga miliyoyi bara, ya ga miliyan ɗaya bana, faɗuwa ya gani. An tsara rangadin 1983 bisa lissafin bara, a manyan filaye, tikiti bai tafi yadda ake so ba, aka katse shi a watan Satumba. A cikin ƙungiya dangantakar Wetton da Howe ta yi tsami, ga kuma barasa, wadda Wetton da kansa ya amsa daga baya cewa ta yi masa katutu a waɗannan shekaru. A watan Oktoba aka wayi gari ba ya cikin Asia. Ɓangaren ƙungiya ya nuna kamar shi ya tafi, shi kuwa ya ce korarsa aka yi.

Abin da ya sa aka yi gaggawa shi ne alkawarin da aka riga aka ɗauka. An shirya wasa a zauren Budokan na Tokiyo ranar 6 ga Disamba 1983, wanda MTV za ta watsa kai tsaye zuwa Amurka ta tauraron ɗan adam, an yi tallarsa, an kashe kuɗi, babu halin ɗagewa. Ana bukatar mai bes wanda yake waƙa, wanda kuma yake da sunan da zai cika allon talla, cikin 'yan makonni. Aka ɗauko Greg Lake. A takarda babu zaɓin da ya fi wannan: Lake ɗan garin Poole ne, maƙwabcin Bournemouth, shi ne mai bes kuma jagoran waƙa na farko a King Crimson tun 1969, kujerar da Wetton ya hau daga baya, kuma ya yi shekaru yana aiki da Palmer. Masu lissafi sun ɗauka cewa mutum biyun iri ɗaya ne, a cire wannan a sa wancan.

A kan dandamali abin bai zama haka ba. Wetton ya rubuta waƙoƙin ne daidai da maƙogwaronsa, amshinsu yana hawa sama inda muryarsa take da ƙarfi da ɗan kaushi. Muryar Lake a lokacin ta fi zama ƙasa, saboda haka dole aka sauke wasu waƙoƙin daga matakin da aka san su, wanda yake nufin mai jita da mai kibod su ma sai sun sake koyon inda za su sa yatsu. Lokaci bai isa ya haddace baitocin ba, sai aka ajiye masa allo a gabansa yana karantawa yana rerawa. Lake ƙwararre ne, ya sauke nauyin da aka ɗora masa ba tare da abin kunya ba, kuma ya cancanci yabo a kan haka. Sai dai wanda ya san faifan zai ji cewa wani ne yake rera waƙar wani. A farkon 1984 Lake ya tafi, aka koma wajen Wetton, kuma ba da daɗewa ba Howe ya bar ƙungiyar ya je ya kafa ƙungiyar GTR tare da wani mai jita, Steve Hackett.

A nan ne nake ganin kuskuren manajoji da kamfani ya fito fili. Sun yi wa Wetton kallon da aka saba yi masa tun 1971, kallon mai cike gurbi wanda idan ya tafi wani zai zo, domin haka tarihin aikinsa ya nuna: ya shiga bayan Thain, ya shiga bayan Turner, ya hau kujerar da Lake ya fara hawa. Bes ɗinsa ana iya samun mai kaɗa shi, wannan gaskiya ne, kuma shi kansa shaida ne cewa ƙwararre yana iya koyon waƙoƙin ƙungiya cikin ɗan lokaci ya bi ta rangadi. Amma a Asia shi ne marubucin, kuma muryarsa ce mutum miliyan huɗu suka saya. Wanda ya cire shi ya cire tushen waƙoƙin da za a yi gobe, kuma duk daren da aka rera na jiya, sunansa ne a takardar haƙƙin mallaka. Wannan bai wanke Wetton ba. Mutumin da barasa ta fi ƙarfinsa yana da wuyar zama abokin aiki, kuma waɗanda suke hawa dandamali da shi suna da haƙƙin su damu. Ƙorafina shi ne an magance matsalar da jadawalin talabijin a zuciya, aka yi sauri a inda ya kamata a dakata a ba mutane huɗu da suka gaji hutu, a zauna a raba rubutun waƙa da adalci. Abin da aka samu a ƙarshe shi ne an rasa Wetton na 'yan watanni, aka dawo da shi, aka rasa Howe na shekaru.

Sakamakon ya bayyana a kasuwa. Faifai na uku, Astra, wanda suka yi da Mandy Meyer ɗan ƙasar Suwizalan a gurbin Howe, ya fito a ƙarshen 1985 ya tsaya a matsayi na 67 a Amurka. Ba a yi rangadi ba, ƙungiyar ta kwanta. Cikin shekara uku da 'yan watanni an sauko daga na 1 zuwa na 6 zuwa na 67. Ba za a ɗora wannan duka a kan abin da ya faru a 1983 ba, domin ɗanɗanon masu sauraro yana sauyawa kuma sababbin mawaƙa sun cika MTV, amma ƙungiyar da aka tallata da sunayen mutum huɗu ba ta sake samun amincewar jama'a ba bayan an nuna musu cewa ana iya sauya sunayen.

Wetton ya sake haɗuwa da Downes da Palmer a ƙarshen shekarun 1980, har suka yi wasa a Mosko a 1990, sannan ya tafi a 1991 domin ya yi aikin kansa. Faifansa Battle Lines ya fito a 1994. Ya ci gaba da yin waƙa da kiɗa a faya-fayen wasu, ciki har da na Hackett, yana samun karɓuwa a Japan da wasu ƙasashen Turai, amma barasa tana ci gaba da cin lafiyarsa da wasanninsa. Sai a 2005 ya daina sha, kuma daga nan har ƙarshen rayuwarsa yana magana a fili game da wannan jaraba, yana taimaka wa masu fama da ita. A shekarar ne kuma shi da Downes suka fitar da faifai a ƙarƙashin sunan Icon.

Akwai wani mutum a wannan labari da ba a cika tunawa da shi ba, kuma adalci ne a ambace shi. Bayan tafiyar Wetton a 1991, Downes ya ci gaba da Asia tare da John Payne, shi ma mai bes ne kuma mawaƙi. Payne ya riƙe wannan matsayi kusan shekara 15, ya fi Wetton daɗewa a kai zuwa lokacin, ya rubuta waƙoƙi, ya yi faya-fayai da yawa, ya rera tsofaffin waƙoƙin dare bayan dare a ƙananan zauruka. A 2006, da mutum huɗun asali suka amince su sake haɗuwa, sai aka wayi gari babu wurin Payne. Daga baya aka daidaita cewa zai iya yin wasa da sunan Asia amma a haɗe da sunansa domin a bambanta. Abin da aka yi wa Wetton a 1983 saboda lissafin kasuwa, shi aka yi wa Payne a 2006 saboda lissafin kasuwa, sai dai wannan karon lissafin yana bayan Wetton, domin shi ne ya rubuta waƙoƙin da mutane suke biyan kuɗi su ji.

Haɗuwar 2006 ta daɗe fiye da ta farko nesa ba kusa ba. An yi wa Wetton tiyatar zuciya a 2007, ya murmure ya koma aiki. Shi da Howe da Downes da Palmer suka yi faya-fayai uku, a 2008 da 2010 da 2012, wato fiye da abin da suka yi tare lokacin da suke tashe, kuma Howe ya samu sunansa a cikin marubuta. Bayan Howe ya sake tafiya a 2013, wannan karon cikin lumana domin ya mai da hankali kan Yes, sauran suka yi faifai na huɗu a 2014. A tsakanin nan Wetton ya koma wasa da Jobson da sunan U.K. A 2015 aka cire masa ƙari a ciki, aka tabbatar ciwon daji ne. A watan Janairu na 2017 ya sanar cewa ba zai iya bin Asia rangadin Amurka da aka shirya tare da ƙungiyar Journey ba saboda magani, kuma ya ambaci abokinsa Billy Sherwood, wanda ya shirya masa faifansa na 2011, a matsayin wanda zai riƙe bes da waƙa. Wetton ya rasu ranar 31 ga Janairu 2017 yana da shekara 67, ƙasa da wata biyu bayan rasuwar Greg Lake, kuma a watan Maris aka fara rangadin da Sherwood.